Ƙwan Fitilar da Haladu Ya Zaɓa

Ƙwan fitilar ya ƙyafta sau biyu, sannan ya zubo haskensa a kan hannun Haladu. Nan take kaushin ya ɓace. Hannun da ya shekara tara yana wanke faifan sola, duk ya tsage ya yi furu-furu, sai ga shi sumul kamar na wanda bai taɓa ɗaukar bokiti ba. Haladu ya janye shi da sauri ya duba. Kaushinsa na nan. Ya sake miƙawa, ya sake ɓacewa.

"Ikon Allah," in ji shi. "Malam Tsalha, wannan fitila ce ko man shafawa?"

Mai shagon ya yi dariya har hularsa ta karkace. "Sunansa Annuri, angon ƙarni. Amma tsaya tukuna, ba a fara ciniki daga ƙarshe. Kunkurun naka bolt nawa yake ci?"

To, daga nan kan Haladu ya fara juyawa.

A shekarar 2096, Birnin Inuwa yana zaune ne ƙarƙashin wata makekiyar rumfa ta faifan sola, domin zafin rana ya kai inda ko jaki ba ya yarda ya tsaya a fili. Masu wanke rumfar ba su da gida tsayayye. Yau aiki yana gabas, jibi yana yamma, saboda haka suke zama a motocin kwana masu ɗaki da madafa da makewayi, waɗanda mutanen gari suka laƙaba wa suna kunkuru. Kunkuru ba shi da taga, don taga ƙofar zafi ce. Duk abin da za ka gani a cikinsa, daga allura har fuskar matarka, ƙwan fitila ne zai nuna maka.

Ƙwayaye huɗu ne a na Haladu, kuma uku suka ga damar mutuwa a ranar Larabar da matarsa Sa'ade ta haifi ɗansu na fari. Na huɗun ma sai ƙifce-ƙifce yake yi. Gwaggo Tabawa, ƙanwar mahaifin Sa'ade da ta zo zaman jego, ta ce atafau ba za ta yi rainon jinjiri a cikin rami ba. Kullum safiya sai ta buɗe idon yaro ta duba farinsa, haka ta yi wa jarirai fiye da arba'in, kuma ba a kan wannan za ta fasa ba. Shi ya sa gari na wayewa ranar Alhamis ta tasa ƙeyar Haladu zuwa kasuwa.

"Bolt sha biyu ne ko arba'in da takwas?" Tsalha ya sake tambaya.

"Ina jin... yana dai kawo wuta."

"Kowace mota tana kawo wuta, bawan Allah. To bakin soket ɗin fa, na murɗawa ne, ko mai ƙafa biyu, ko na maganaɗisu?"

Haladu ya zaro mataccen ƙwan daga aljihu. Tsalha ya juya shi, ya yi tsaki, ya ce rabonsa da ganin irinsa tun yana saurayi. Sai ya shiga jero kwalaye a kan kanta yana bayani. Wannan El-i-di ne mai lumen ɗari takwas, lumen shi ne yawan hasken. Wancan kelbin dubu uku, wato haskensa ja-ja ne kamar na hantsi. Wancan kuma dubu shida, fari tas, irin na asibiti. Akwai mai sanyaya kansa, akwai mai gaba da batir idan caji ya yi ƙasa, akwai wanda sai an haɗa shi da ƙaramar taransifoma. In ka sa na sha biyu a layin arba'in da takwas, zai fashe. In ka yi akasin haka, zai yi ta lumshe ido kamar mai jin barci.

"Wanne ne dai mai kyau?" Haladu ya tambaya.

"Duk masu kyau ne. Ya danganta."

"Da me?"

"Da abin da kake so."

Wallahi da za a tsaga zuciyar Haladu a lokacin, ba abin da za a samu sai son ya fita daga shagon nan. Mutum ne da ke tafiya a kan rumfa mai tsayin bene ashirin ba gezau, amma lambobi na tsorata shi. Ya ɗauki fari tas ɗin, ya ajiye. Ya ɗauki mai ja-ja, ya manta ko shi ne mai fashewa. Can sai idonsa ya koma kan na farko.

"Shi wannan Annurin, bolt nawa yake ci?"

"Ko nawa ka ba shi. Kowane soket kuma yana shiga."

"Kelbin fa?"

"Shi yake zaɓar wa kansa."

Tsalha ya yi masa bayani, kuma a gaskiya bai ɓoye komai ba. A cikin kowane Annuri akwai ido ɗan mitsitsi da ƙananan fitilu ɗari shida masu launi daban-daban. Idon yana kallon fatar duk wanda ke ɗakin, ya gwada ta da yadda lafiyayyar fata take, sai ya harba wa kowane gurbi launin da zai cike giɓin. Inda ya yi fari-fari ya ƙara ja, inda ya yi rawaya ya ƙara shuɗi. Masu gidan biki da masu ɗaukar hoto su suka fi sayensa.

Haladu ya tuna 'yan barka da za su yi ta shigowa. Ya tuna yadda Sa'ade ta rame, da yadda dangin ta suka taɓa cewa ya kai musu 'ya cikin gwangwani. Ga shi kuma ba lissafi, ba taransifoma. Ya ce a ba shi huɗu.

Da ya ɗaura su, kunkurun ya zama wani wuri daban. Sa'ade ta yi shar kamar ba ita ta yi naƙudar kwana guda ba. Gwaggo Tabawa ta kalli madubi ta ce, "La ila! Ashe da saurana." 'Yan barka kuwa kowace ta shigo sai ta ce tubarkalla, wannan jego ya karɓi mai jego, yaro kuma jawur da shi kamar a sace. Haladu yana jin su daga bakin ƙofa, kansa na ƙara girma.

Daga bakin ƙofar dai yake ji, domin ɗan fari ne. A gidansu Haladu uba ba ya ƙura wa ɗan fari ido a gaban manya, balle ya ɗauke shi. Ita ma Sa'ade in an miƙo mata shi sai ta kawar da kai, ta ba shi nono tana kallon bango, don kada Gwaggo ta ce ba ta da kunya. Sannan jinjiri ba ya leƙa waje sai ranar suna. Saboda haka duk duniya ido biyu ne kaɗai ke duban yaron nan da gaske, na Gwaggo, su ma a ƙarƙashin Annuri.

Ranar Asabar Gwaggo ta fara tsaki ita kaɗai. Yaron ya cika barci. In an sa masa nono sai ya ja sau biyu ya saki. Ta buɗe idonsa, fari fat kamar madara. Ta danna goshinsa da yatsa ta ɗaga, fata lafiya lau.

"Gwaggo, lafiya dai?" Haladu ya tambaya daga waje.

"Lafiya... ina jin lafiya. Mai haƙuri ne kawai."

Ranar Litinin kukansa ya sauya, ya zama siriri mai tsini, yana yi yana banƙarewa. Gwaggo ta ɗauke shi ta kai shi daidai ƙarƙashin ƙwan, don ta gani sosai. Ka ji fa! Ta juya shi gaba, ta juya shi baya. Ta fito ta sami Haladu tana murza idanunta.

"Ɗan nan, ni dai na rasa gane kaina. Hannuna yana ce mini yaron nan ba daidai yake ba, idona yana ce mini ƙarya nake. Shekara talatin ban taɓa jin sun yi gardama ba. Ko tsufa ne ya fara taɓa ni?"

"Ko mu koma asibiti?"

"Mu ce musu me? Mu ce ga yaro ya cika kyau?"

Haladu ya kasa gane abin da ke damun yaron. Tunaninsa ya je kan nono, ya je kan zafi, ya je har kan maita, bai taɓa zuwa kan silin ba.

Ranar Laraba da hantsi aka taru don suna. Tashar kunkuraye tana gefen gari, inda rana ke kutsowa ta ƙarƙashin rumfa kafin ta ɗaga. A nan Ɗanjuma wanzami ya shimfiɗa tabarmarsa, domin shi tsohon hannu ne, ya ce ba ya ɗora aska a kan jinjiri sai a hasken Allah. Gwaggo ta fito da yaron a naɗe cikin zane, ta zauna, ta buɗe.

Yaron rawaya ne tun daga goshi har tafin ƙafa, kamar an tsoma shi a ruwan gangamau. Ɗanjuma ya ɗaga fatar idonsa da babban yatsa, ya mayar da askarsa cikin zabira.

"Shawara ce," in ji shi. "Kuma ba ta yau ba ce. Ku kuna ina?"

"Wallahi yanzu na duba shi!" Gwaggo ta fashe da kuka. "Yanzun nan, a ciki! Fari ne idonsa!"

Ta miƙe a ruɗe ta koma cikin kunkurun da shi, Haladu na biye. Suna tsallake ƙofa ƙwayayen suka ƙyafta sau biyu, sai ga yaro jawur, kyakkyawa, lafiyayye. Ta ja da baya zuwa waje, rawaya. Ta sake shiga. Sai da ta yi haka sau uku, tana salati, kafin Haladu ya ɗaga kai ya kalli sama.

A asibiti aka karɓe yaron da gudu, aka ce sai an canja masa jini. Bayan azahar likitar ta fito, mace mai ƙaramin jiki da ba ta son dogon zance. Ta ce ransa ya tsira, amma shawarar ta daɗe har ta kai ga taɓa ƙwaƙwalwa, kuma abin da ta fi ji wa tsoro shi ne kunnensa. Sun gwada sau biyu, ba su ga alamar yana ji ba.

"Tun yaushe ya fara yin rawaya?" ta tambaya.

Sa'ade ta kalli Gwaggo, Gwaggo ta kalli Haladu. Mutum uku a ɗaki mai taku shida, kwana bakwai, ba wanda ya gani. Haladu ya ɗaga agogon hannunsa, wanda ke haɗe da na'urorin motar, ya tambaya ko fitilun suna ajiye bayani.

"Suna ajiyewa," in ji muryar agogon, a natse. "Ranar Juma'a an ga rawaya a fuskar ƙaramin mutum, an ƙara shuɗi kashi tara cikin ɗari. Asabar ta sauko ƙirji, kashi ashirin da biyu. Lahadi ciki da cinya, arba'in. Litinin ta kai tafin hannu. Jiya fitilu huɗun duka sun yi aiki da iyakar ƙarfinsu."

"Kun gani ke nan? Tun Juma'a kun gani?"

"An gani."

"To me ya hana ku faɗa?"

"Annuri ba ya ba da rahoto. Gyarawa yake yi. An samu nasarar gyarawa a dukkan kwanakin."

Likitar ta rubuta Juma'a a takardarta. Ta ce da a ranar aka kawo shi, kwana biyu zai yi a kwalbar jarirai a sallame shi. Ba ta faɗa don ta ci musu fuska ba, amma Gwaggo Tabawa ta zame ta zauna a ƙasa, ta ce ita da ta yarda da hannunta, da yanzu wani zancen ake yi. Sa'ade kuwa ta manta da wata kunya, ta manne da gilashin ɗakin jarirai tana kiran ɗanta da ƙarfi, ma'aikata na ba ta haƙuri.

Da la'asar aka aiki Haladu ya ɗebo musu kaya. Ya yi kuka a hanya, irin kukan da bai yi ba tun rasuwar mahaifiyarsa, har idanunsa suka kumbura, mutane na kauce masa. Ragon suna yana nan ɗaure a jikin taya, ba wanda ya tuna da shi. Ya buɗe ƙofar kunkurun ya shiga, ƙwayayen suka ƙyafta sau biyu.

A madubin da ke jikin ƙofar makewayi ya ga wani mutum yana kallonsa. Fuskarsa cike take da haske, idanunsa farare tas, babu kumburi, babu gajiya. Duk wanda ya gan shi zai rantse yau aka yi sunan ɗansa kuma komai ya tafi daidai. Haladu ya shafa kumatunsa, ya ji su jiƙe. Mutumin cikin madubin ma ya shafa nasa, a bushe.