Lambar Kofur a Littafin Masu Ba da Jini

Auta na kan keken ɗinki a falo tana haɗa hannun riga, Yaya ya faɗo ko sallamar kirki babu, ya miƙa wa Baba waya.

"Baba, duba surukin naka. An dakatar da shi daga aiki, an karɓe bindiga da yunifom. Jibi kwamitin ladabtarwa, wata mai zuwa kotu."

Ƙafar Auta ta tsaya cak. Tun shekaranjiya ta san zancen, bakin faɗa ne ta rasa. Wani tsararre aka lakaɗa wa duka a ofishin 'yan sanda har hannunsa ya karye, fuskarsa na bango bai ga mai dukan ba. Littafin aiki kuwa ya nuna Kofur ne ke gadin ɗakin tsararrun a ranar, Kofur ɗin da saura wata biyu a ɗaura musu aure.

Baba ya karanta, ya cire tabarau. "Ba zan ba mai karya hannun mutane 'yata ba. A sanar da iyayensa an fasa."

"Baba, wallahi ba ya wurin," in ji Auta. "Ranar da aka yi maka aiki a asibiti ce. Jinin da aka ƙara maka nasa ne. Na kira shi ina kuka, ya bar abokinsa a wurin gadi ya taho, bai tsaya rubuta canjin ba. Shi ya hana ni faɗa, wai kada a ce da jini ya sayi aure."

Ranar Baba bai san inda kansa yake ba, Yaya kuma ya yi tafiya, don haka ba mai mara mata baya.

Yaya ya kwashe da dariya. "Soyayya manya. Shi ma haka ya shirya wa masu bincike. Sun rubuta wa asibitin, an amsa musu babu mai wannan suna a littafin masu ba da jini. Ke kuma wa zai karɓi shaidar budurwa?"

"Kin fara yi mini ƙarya saboda namiji?" in ji Baba a hankali.

Wannan maganar ta fi fasa auren ƙona mata rai. Ta shige ɗaki ta yi kuka har kanta ya yi ciwo, sannan ta kira Kofur.

"Na rubuta, Auta, da hannuna na rubuta," ya ce. "Amma kada ki saɓa wa Baba a kaina. Ki yi haƙuri, Allah na gani."

Haƙuri ta yi, amma ba irin na naɗe hannu ba. Washegari da safe tana bakin ɗakin gwajin jini, ta yi ta roƙon nas har matar ta gaji ta tura mata littafin. Auta ta bi shafin ranar da yatsa, layi-layi. Babu sunansa. Ta sake bi. A layi na tara, inda kowa ya rubuta suna, wani ya jera lambobi shida da kyakkyawan rubutu.

Ita kuwa ta san lambobin nan fiye da lambar wayarta. A ƙirjin rigunan aikin Kofur guda uku ta ɗinka su. Shekara takwas Kofur na sa hannu a littafin ofis da lambar aikinsa, har hannun ya manta yana da suna. Akawun asibiti kuma suna aka ce ya nema, suna ya nema. A gefen lambar ga lokacin shiga, uku da rabi, ga na fita, biyar da kwata. Dukan tsararren kuwa ƙarfe huɗu aka yi shi.

Da ta nuna wa Baba hoton shafin, ya daɗe yana kallo. Ya dubi hannunsa inda aka sa masa allura, sannan ya ce wa Auta, "Goge mini rigata, gobe da ni za a je."

Manyan jami'ai uku ne a bayan dogon tebur, Kofur na tsaye a gabansu cikin kayan gida, duk ya rame. Asibiti ya aiko da littafin. Baba ya miƙe da sandarsa.

"Ranka ya daɗe, ni na fara yanke wa yaron nan hukunci kafin ku, kuma na yi kuskure. Jininsa ne ke yawo a jikina yanzu haka."

Aka kira abokin da ya karɓi gadin. Tambaya uku aka yi masa, a ta huɗu ya sunkuyar da kai ya amsa laifinsa, aka wuce da shi.

Shugaban kwamiti ya dubi Kofur. "Dukan bai hau kanka ba, yau za mu rubuta a janye ƙarar kotu. Amma ka bar wurin aiki ba izini, kuma da kana nan da hannun bawan Allah bai karye ba. An cire maka igiya ɗaya."

"Na karɓa, yallaɓai. Ina roƙon a bar ni in je in duba shi, in nemi gafararsa."

Auta ta ji ƙirjinta ya cika da alfahari, ta yi ta share hawaye tana murmushi. A harabar ofis Yaya ya matso kusa da Kofur yana sosa ƙeya.

"To, tunda an sauke ka, yanzu me za mu riƙa kiran ka?"

"Ka kira shi ƙaninka," in ji Baba. "Kuma wata biyun nan sun yi mini yawa, a mayar da su mako uku."

Haka aka yi. Wanda ya yi kuskure kuma ya ɗauki nauyin kuskurensa bai yi asara ba, kuma iyaye su bincika kafin su yanke. Amarya dai ta kafa wa ango sharaɗi guda ranar ɗaurin aure: a takardar auren, suna zai rubuta.