Wa Ya Jinginar da Gidan Marigayi?

Da safe Inna mai ɗinki ta fito zubar da shara, ta tarar da rubutu da jan fenti a bangon gidanta: banki zai yi gwanjon gidan. Ita da banki kuwa ko gaisuwa ba ta taɓa haɗa su ba.

Babban ɗanta, wanda kowa ke kira Yaya, shi ya raka ta wurin 'yan sanda yana ta kumfar baki. Aka haɗa su da Sufeto, mutumin da ba ya son dogon zance.

Manajan banki ya ce mijinta ne ya jinginar da gidan bara, ga takardar mallaka ta asali a hannunsu.

"Bara?" in ji Inna. "Mutumin da ko cokali ba ya iya riƙewa? Muna asibiti da shi har rai ya yi halinsa."

Lauyan da Inna ta ɗauka ya ce kotu na iya dakatar da gwanjon, ta soke jinginar, tunda mai gida bai sa hannu ba. Amma alƙali ba ya aiki da rantsuwa kawai. Sai rahoton 'yan sanda ya nuna wanda ya yi damfarar, kuma kafin ranar gwanjo.

Sufeto ya fara da ɗan hayar gidan, wani direban babbar mota.

"Yallaɓai, watan da aka yi jinginar duk ina hanya. Tambayi kamfaninmu."

Aka tambaya, haka ne.

Sai ƙanin marigayi, wanda yaran ke kira Baffa. Yaya ya rantse shi ne, don ya daɗe da sa ido a gidan.

"Na so gidan, ban ɓoye ba," in ji Baffa. "Amma so daban, sata daban."

Sufeto ya nemo ma'aikacin da banki ya tura ya kimanta gidan.

"Wa ya zagaya da kai?"

"Wani dattijo da ya ce shi ne mai gidan, da wani matashi, wai dillali. Fuska kam ba zan riƙe ba, gidaje nawa nake shiga? Abu ɗaya ne ya ba ni dariya. Ƙofar sito ta ƙi buɗuwa, dattijon ya yi ta kokawa da mukulli. Dillalin ya karɓa, ya sa gwiwa ya ɗaga ƙofar, ya murɗa, sai ga ta a buɗe. Na ce, kai, dillali ya fi mai gida sanin gida!"

Washegari Sufeto ya tara su a tsakar gida. Inna ta ce a siton akwatin takardun yake. Sufeto ya miƙa wa Baffa mukulli.

"Buɗe mana."

Baffa ya murɗa, ya tura, ya daka da kafaɗa har gumi ya keto masa. Ƙofa ko gezau.

"Haba Baffa, za ka karya mukullin!" in ji Yaya. Ya fizge, ya sa gwiwa, ya ɗaga, ya murɗa, sai ga ƙofa a buɗe.

Sufeto ya dube shi.

"Inna, wa ya san ƙofar nan sai an ɗaga?"

"Ni da marigayi, sai..." Ba ta ƙarasa ba.

"Marigayi yana kwance, ke kina jinyarsa, direba yana hanya, Baffa kuma kin gani da idonki. Dattijon da ya ce shi ne mai gida hayarsa aka yi, shi ya sa ya kasa. Wanda ya buɗe wa ma'aikacin banki ƙofar nan ɗan gida ne."

Yaya ya zube a ƙasa. Shagonsa ne ya karye, ya ce, ya ɗauka zai biya kafin kowa ya sani.

Wallahi abin da ban tausayi. Inna ta zauna a bakin sito, idonta a bushe.

"Sufeto, in ba a sa sunansa ba fa?"

"Babu rahoto, babu umarnin kotu. Gidan zai tafi."

"In aka sa?"

"Gida zai tsaya. Shi kuma za a gurfanar da shi."

"Inna!" in ji Yaya. "Ni ne fa, Inna."

Ta waiwaya. Ƙannensa suna leƙowa ta taga da kayan makaranta a jikinsu.

"Na san kai ne. Su ma ni na haife su." Ta miƙe ta kakkaɓe zaninta. "Rubuta, Sufeto. Ka bari dai ya ci abinci kafin ku tafi."