Bindigar Baba

Tau!

Ƙarar bindigar Baba ke nan, alamar an je hutun rabin lokaci. Kafin hayaƙin ya watse, Orville ya zube a tsakiyar fili, ya rufe kansa da hannu biyu yana ihu, “Ku kwanta! Ku kwanta!”

Mutum dubu huɗu suka yi tsit... sai wani ya tuntsire da dariya, saura suka ɗauka.

Ni kuwa ina zaune cikin rigar sanyinsa mai babban harafin jami'armu a ƙirji. Kowa a garin Corwin ya san yarinyar da ta sa rigar ɗan wasa ta riga ta zama tasa.

Wasan zari-ruga na farko ne na kakar wasa ta 1946, watan Orville takwas da dawowa daga yaƙi.

Bernadine, wadda tun muna sakandare idonta ke kansa, ta leƙo ta kafaɗata.

“Ayya Maxine, gwarzon naki barci yake ji ne?”

Na kau da kai. Da na buɗe baki kuka zan yi.

Shekara ashirin Baba na riƙe agogon wasa a jami'ar nan, shi ke harba ƙaramar bindigar da ke tsayar da wasa. Harsashin ƙara ce kawai, ba ya ko kashe sauro. Da muka koma gida ko hula bai cire ba ya ce, “Tuɓe rigar nan.”

“Baba, don Allah...”

“Yaron kirki ne, na sani. Amma ba duka ya dawo ba. Ni ma na je nawa yaƙin, na san abin da nake faɗa.”

Mama ta ɗago ta dube shi, ta mayar da kai kan dankalin da take ferewa.

Na ninke rigar na sa ƙarƙashin matashi, raina kamar ya fita.

Haka kakar ta yi ta tafiya. Orville ya rungumi ƙwallo ya keta ƙarti kamar ba mutane ba, mun ci wasa shida, an ci mu biyu. Amma da saura minti biyu a harba bindiga, koci zai fitar da shi, ya wuce ɗakin sauya kaya ya toshe kunne har Baba ya harba.

Bernadine ba ta haƙura ba. Ranar wata Laraba muna shagon shan lemo, ta hura jakar takarda ta fasa a bayan Orville. Kofi ya suɓuce masa ya tarwatse.

“Kai, wasa nake yi fa!” in ji ta, tana wani fari da ido. Washegari labarin ya riga ni isa kunnen Baba.

A bakin ɗakin karatu Orville ya tare ni.

“Ki dawo min da rigata, Maxine.”

“Me ka ce?”

“Zuciyata, ki dube ni da kyau. Jakar takarda fa! Wa zai ba irina 'yarsa?”

“To zo ka ƙwata. Ba zan bayar ba!”

Ya yi murmushin da ya fi kuka ciwo, ya juya.

Wasan ƙarshe ya faɗo ranar bikin Godiya, ranar da kowane gida ke cin talotalo. Da safe Mama ta shigo daga turke tana mita, wai an kwance ƙararrawar wuyan saniyarmu.

“Yaran unguwa ne,” Baba ya ce, yana goge bindigarsa.

Na faɗa wa Mama tsoro nake ji. Ta rage murya.

“Shekarar da babanki ya dawo daga Faransa, ranar wasan wuta na bikin 'yanci, a ƙarƙashin gado na same shi. Kakanki ya ce in rabu da shi. Kin gan ni nan.”

Na saki baki. Baba?

Na ɗauko rigar na cusa a jaka.

Saura minti biyu, abokan karawarmu suna gabanmu da maki huɗu. Koci ya waiwaya neman wanda zai canji Orville, ashe shi wancan an riga an fitar da shi da targaɗe. Orville ya girgiza kai, ya gyara hular fatarsa, ya tsaya.

Wayyo ni!

Saura daƙiƙa biyar aka miƙa masa ƙwallo. Ya kauce wa na farko, ya ture na biyu, ya miƙe da gudu. Ni ba shi nake kallo ba, hannun Baba nake kallo. Lokaci na cika zai harba, ko ana tsakiyar gudu, haka aka saba.

Hannun ya tashi sama.

Na runtse ido...

Ƙalan! Ƙalan! Ƙalan!

Ƙararrawar saniyarmu!

Ina buɗe ido na ga Orville ya tsallake layin cin maki, tsaye kan ƙafafunsa, fili ya kaure da ihun nasara. Na sauke wata ajiyar zuciya da na yi wata uku ina riƙe da ita.

Ban san sadda na isa fili ba. Alƙalin wasa na tambayar Baba, “Tolliver, ina bindigar?”

“Na manta harsashi a gida,” ya ce, fuska a murtuke. Ga kwalin harsashin nan ya turo aljihunsa.

Orville ya ƙaraso yana haki, ya cire hula.

“Ranka ya daɗe... na gode.”

“Ni shekara uku na yi kafin firgicin ya sake ni, kuma ba wanda ya kaɗa min ƙararrawa. Ka zo cin talotalo anjima, kada ka makara.”

Sannan ya dubi jakata, inda hannun rigar ya leƙo.

“Ke kuma kin tsaya kina rawar ɗari. Sa rigarki mana, ba kya jin sanyi ne?”