Wa Zai Fara Janyewa?

"Shi zai fara!"

Maiturare ta faɗa ba tare da ta dubi inda mijinta yake zaune ba.

"Ita ta fara sata, ita za ta fara janyewa," in ji Haladu.

"Sata? Ni ce ɓarauniya?"

Wakilin niyaba na Gadarif, mai shigar da ƙara, ya dafe kai. Balag biyu ne a gabansa, ƙarar miji a kan mata da ta mata a kan miji. Jiya dattawan ajawid, masu shiga tsakani, sun yi sulhu, an yanka rago, an shafa fatiha, kowa ya ci nama ya watse. Ma'auratan kaɗai aka manta ba a tambaya ba.

Asalin rigimar famfon mai ne. Tun saukar damina Haladu ya tare a gonar kamfani can wajen Doka, yana huɗa da tarakta. Ranar da ya leƙo gida da taraktar, Maiturare ta sha lalle da dukhan, turaren tsuguno, ƙamshi har layi. Ya sha shayi, ya ɗauki giris, ya ce da asuba zai koma. Maiturare kuwa 'yar makanike ce. Ta kwance famfon taraktar, ta sa a kwando, ta yi yaji da shi. Haladu ya kai ƙarar sata, sannan ya je ya ɓalle ƙofar surukinsa. Ita ma ta kai tata.

"Ya jama'a," wakili ya ce, "in ba ku janye yau ba, gobe sai gaban alƙali."

Inna Gado, uwar Haladu, ta gyara zama.

"Alhamdu lillahi! Na rantse, matar da ta tsayar min da ɗa gaban alƙali ta gama zama a gidanmu."

Salisu, ɗan kawun Maiturare, wanda ya nemi aurenta bai samu ba, ya sunkuyo kusa da kunnenta.

"Kar ki janye, ƙanwata. Mutunci ya fi aure."

Mutuncin dangi bai taɓa damun Salisu ba sai a wannan makon.

Haladu ya dube shi, ya dubi tazarar da ke tsakanin bakinsa da kunnen matarsa. Ya miƙe.

"Halas, shi ke nan! Na janye. Famfon ma na bar mata, ta dafa ta ci."

"Ka ji ko? Har yanzu baƙar magana!"

"Habibti..."

"Kar ka habibce ni! Wata nawa ina kwana da kukan sauro?"

"Don wa nake huɗar?"

"Don mai gona!"

Wakili ya buga tebur.

"Saura ke. Faɗi da bakinki: kin janye ƙararki a kan wa?"

Ta nuna da haɓa. "Wancan."

"Ba na rubuta wancan."

"Mai tarakta."

"Rabin Gadarif masu tarakta ne. Sunansa."

Maiturare ta sunkuyar da kai. Matar kirki a danginsu ba ta kama sunan miji, balle a gaban uwarsa. Ranar kai ƙara ma Salisu ne ya faɗi sunan a madadinta, har da na kakansa, cikin jin daɗi.

"Ni sai in faɗa..." Salisu ya soma.

"Kai ne matarsa?" wakili ya tambaya.

Inna Gado ta yi murmushi irin na wadda ta riga ta ga ƙarshen wasa. In yarinyar ta yi shiru, sai kotu, sai saki. In ta faɗa, ta zama marar kunya har jikoki su ji labari.

Maiturare ta dubi mijinta a karon farko. Ya rame. Rana ta ƙone masa wuya, kuma babu wanda ya ɗinke masa aljihun jallabiyar nan.

Idonta ya ciko.

"Inna, ki toshe kunnenki."

"Ba zan toshe ba!"

"To shi ke nan." Ta juya ga wakili. "Na janye ƙarata a kan... Haladu."

"La'ilaha illallahu!" Inna ta tafa hannu. "A gabana!"

Salisu ya fice yana neman takalminsa, alhali yana ƙafarsa.

Haladu kuwa ya tsaya baki buɗe. Tun aurensu bai taɓa jin yadda sunansa yake a bakinta ba.

"Ya Maulana," ya ce a hankali, "anya ka ji da kyau? Ko ta sake faɗa?"

"Na ji. Ku fita min daga ofis."

A bakin ƙofa ya matso, murya ƙasa-ƙasa.

"Rabin raina... sau ɗaya kawai."

Ta ja mayafi, ta harare shi.

"Kana so ka ƙara ji? Ka kwana a gida."