Asabar Ɗin da Auta Ta Zaɓa

Kalanda ce shimfiɗe a tsakiyar falo, Auta ta yi rub da ciki a kan kafet tana zagaye ranaku da jan biro kamar mai makin jarrabawa. Saura mako shida a ɗaura mata aure, amma ba ɗaurin auren ne ya hana ta sukuni ba. Liyafar nan ce ta amarya da ƙawayenta zalla, wadda 'yan matan yanzu ke kira buraidal shawa. Wayarta na gefe, muryar aminiyarta Gimbiya na tashi daga ciki.

"Ke dai ki ji magana, bebi! Sati ɗaya kafin biki shi ne daidai. In kika yi sati uku kafin lokaci, wallahi hotunan sun huce, kowa ya manta. Kuma ni sai ranar zan samu shigowa gari!"

Ana cikin haka Yaya ta yi sallama. Ta zube a kujera, ta zare takalma tana matsa ƙafafunta da suka kumbura. Nas ce a ɗakin haihuwa, kuma ita ta riƙe Auta tun rasuwar mahaifiyarsu, lokacin Auta na 'yar shekara bakwai. Ita ce kitso, ita ce rakiyar makaranta, ita ce zaman jinya. Ta leƙa kalandar ta girgiza kai.

"Auta, wannan Asabar ɗin ina duti. Rostar aikinmu ta riga ta fita. Ki duba ta sama, sati uku kafin biki, ina hutu."

"Haba Yaya! Sati uku fa? Filis mana, ki yi canji da wata."

"Mu huɗu ne kacal a sashen. Da kyar na samu shugabarmu matiron ta ba ni ranar ɗaurin auren ma."

Auta ta turo baki. Abin da ya sa ake ce mata Auta ke nan har yau, duk da digirinta, in ta so abu, gidan ba ya zama lafiya sai ta samu. Ta fara da magiya, ta koma ƙunƙuni, daga ƙarshe ta saki maganar da ba ta auna ba.

"Kowa za ta zo da 'yan uwanta, ni kaɗai zan zauna kamar marar kowa. Da Umma na raye da ba ta ce mini rosta ba!"

Yaya ta ɗauki takalmanta ta miƙe.

"Sa ranar da kike so. Zan san yadda zan yi."

Da yamma angon ya zo. Asibiti ɗaya yake aiki da Yaya, shi ke ɗaukar hoton ƙashi, shi ya sa duk gidan ke ce masa Mai Hoto. Mutum ne mai sanyin magana, irin waɗanda sai sun juya kalma sau uku kafin su furta ta. Da ya ji ranar da aka tsayar, sai ya ajiye kofin ruwan da ke hannunsa.

"Ranki ya daɗe, da kin bi ranar Yaya. Canjin duti ba kyauta ba ne, wadda ta karɓar miki yau, ita ke zaɓar ranar da za ki rama mata."

"Wato kai ma ɓangarenta kake? Tun ba a ɗaura ba ka fara haɗa kai da dangina a kaina?"

"Ba haka ba ne—"

"To shawa ɗina ne, ba naka ba!"

Kwana uku ba ta ɗauki wayarsa ba. Shi kuwa bai fasa aiko saƙon gaisuwa safe da yamma ba, har ta gaji ta sauko don kanta.

Liyafa kam ta yi kyau, ba a cewa komai. An cika ɗaki da balan-balan ruwan hoda, an yanka kek mai hawa biyu, an ɗora wa Auta kambu a ka, ƙawaye na ta ihu suna ɗaukar bidiyo. Yaya ta zo cikin shigarta mai sauƙi. Ita ta jera kujeru, ita ta raba abinci, ita ta tattara kyaututtuka a jaka. Sau ɗaya tak ta shiga hoto, shi ma rabin fuskarta Gimbiya ta tare da gwaggwaronta. Auta ta rungume ta tana dariya.

"Kin gani ko, Yaya? Ai na ce zai yiwu!"

Yaya ta yi murmushi kawai.

Abin da Auta ba ta sani ba shi ne, nas ɗaya ce ta yarda da canjin, kuma ranar da ta nema a madadi ita ce Asabar mai zuwa, ranar ɗaurin aure. Yaya ta amince da tunanin kafin lokacin za ta samu wata ta sake karɓar mata. Sai ga shi a tsakiyar mako, cikin sauran biyun, ɗaya ta kwanta rashin lafiya, ɗayar kuma ta yi kwana biyu a jere tana aiki. Ta roƙi matiron har da hawaye. Matiron ta nuna mata takardar, ta ce mata masu naƙuda ba su san da biki ba.

Safiyar ɗaurin aure Auta ta farka gida cike da dangi, ta leƙa ɗakin Yaya ta tarar da gado a gyare. Kayan da Yaya ta ɗinka don ranar suna rataye a jikin ƙofa, ko ledar ba a cire ba. Ta kira waya ba a ɗauka ba. Mahaifinsu ne ya zaunar da ita ya faɗa mata komai, a hankali, ba tare da faɗa ba, kuma rashin faɗan ya fi yi mata ciwo.

Aka ɗaura aure, mata suka cika ta da addu'a. Wata gwaggo ce ta gyara mata mayafi, ta kuma soka fil ɗin a karkace, domin ba ta san yadda Auta ke so ba. Mai kwalliya sau uku tana gyara mata ido hawaye na wankewa, daga baya ta haƙura.

Da la'asar Mai Hoto ya shigo gaisuwa, ta tare shi a bakin ƙofa.

"Ka sani?"

"Na sani."

"Ka sani ka yi shiru!"

"Yaya ce ta haɗa ni da Allah. Ta ce kada in ɓata miki satinki." Ya sunkuyar da kai. "Na yi ta zagaya sassa ina roƙo, ban samu kowa ba. Ki yafe mini."

Ta buɗe baki za ta yi masifa, sai ta rasa wanda za ta yi wa. Ya faɗa mata tun farko, ita ce ta rufe masa waya. Ta fashe da kuka mai cin rai.

"Share hawayenki," in ji shi. "Mota na waje. Baƙi su jira."

Haka amarya da ango suka zauna a bencin ƙarfe a gaban ɗakin haihuwa, tsakanin wata tsohuwa mai fulas da wani magidanci da ke ta safa da marwa. Masu wucewa na kallon su suna ƙus-ƙus. Minti arba'in suna zaune. Can aka ji kukan jariri, jim kaɗan ƙofa ta buɗe, Yaya ta fito tana zare safar hannu, gumi ya jiƙe mata wuya, gaban farar rigarta duk ya ɓaci. Ta tsaya cak.

"Auta! Me ya kawo ki nan? Kai ma ka biye mata?"

"Yaya, ki yafe mini. Maganar da na faɗa a kan Umma—"

"Tsaya daga nan, kada ki taɓa ni! Za ki ɓata kayanki!"

Auta ba ta tsaya ba. Ta faɗa jikinta ta ƙanƙame ta, da leshin da duwatsun da komai, suka yi ta kuka har tsohuwar nan ta taya su. Minti biyar suka samu. Aka leƙo aka ce wata ta iso, kan ɗa ya sauko, Yaya ta dafa kan ƙanwarta ta sa mata albarka, ta juya da gudu.

Auta ta yi dace da miji mai haƙuri, sun kuma zauna lafiya, domin tun daga ranar in ya ce a dakata tana dakatawa. Amma aure sau ɗaya aka ɗaura mata, kuma Yaya ba ta wurin. Shi ya sa duk yarinyar da ta zo neman shawararta a kan ranar shawa, ba ta tambayar ta kalar balan-balan. Cewa take ta fara zuwa wurin wanda ya sha wahalarta, ta tambaye shi ranar da yake da sarari, sannan ta ɗauki biro. Ƙawaye za su samu wata Asabar ɗin.

Rigar auren kuwa tana nan a ƙasan akwati. Tabon bai fita ba, ita ma ba ta taɓa kai ta wanki ba.