Takalmi Ruwan Ɗorawa

"Ba zan tada motar nan ba."

Muhibba ta juyo da takardar sunaye a hannu. Kwana tara ke nan ba su yi magana da Munzali ba, sai yau, kuma da wannan ya fara.

"Me ka ce?"

"Mutum ɗaya bai shigo ba."

"Na ƙirga! Talatin da biyu, har sau biyu na ƙirga!"

Bai dube ta ba. Dama ba ya dubanta. Hannunsa na kan sitiyari, idonsa na kan matakalar ƙofar bas.

"Takalmi ruwan ɗorawa bai hau ba."

Baƙin nan na jirgin ruwan shaƙatawa ne. Da asuba jirginsu ya tsaya a Dammam, jirgin ƙasa ya kawo su Riyad don su ga gari na yini guda. An hau da su dogon benen unguwar Ulaya, an nuna masu tsohuwar ganuwar Masmak, an sake su awa ɗaya a kasuwar Zal. Saura a mayar da su tasha kafin ƙarfe huɗu. Jirgin ƙasa ba ya jira. Na ruwa ma ƙarfe tara zai ɗaga, ko da su ko babu su.

Muhibba ce jagorarsu. A unguwar Shumaisi, nan Riyad, aka haife ta, Larabci ya fi mata Hausa sauƙi a baki. Munzali kuwa direba ne, mutumin Funtuwa. Shekara biyu suna aiki a bas ɗaya bai taɓa ƙare mata kallo ba. Haka aka rene shi, mace in ba muharramarsa ba ce ƙasa yake kallo. Da takalmi yake sanin fasinja. Ita ma da takalmi ya fara saninta, kafin son ya kai su inda ya kai su.

Da ya je gaida mahaifinta, Dakta Inuwa, kalma ɗaya ya samu.

"Direba?"

Shi ke nan. Aka hana ta kula shi.

Daga can bayan bas wani ya miƙe yana gyara farar jallabiya. Basiru ne, mai duba aiki na kamfanin. Shi ma Muhibba yake nema, kuma shi da ya kai gaisuwa gidan Dakta har abinci aka ajiye masa. Yau a Masmak ya faɗo masu, wai ya zo duba aiki.

"Lafiya? Me ake jira? Yalla!"

"Wai... wai mutum ɗaya bai shigo ba," in ji Muhibba.

"Wa ya ce?"

"Ni," in ji Munzali.

Basiru ya yi murmushi. Murmushin ya fi tsawa ba ta tsoro. Makon jiya a ofis ya faɗa da bakinsa, kuskure ɗaya yake jira Munzali ya yi. Takarda ɗaya zai kai wa mudir, shugaban kamfanin, a kashe iƙamarsa ta zama a ƙasar, a buga masa fita ba dawowa. Wanda aka buga wa wannan, ya gama da ƙasar.

"Malam direba, ƙirga ba aikinka ba ne. Aikinka taka mota."

"Ban ga takalmin ba."

"Takalmi muka ɗauko ko mutane?"

Muhibba ta bi tsakiyar bas tana ƙirga na uku. Matan sun sayi baƙaƙen abayoyi a kasuwa sun saka don ɗaukar hoto, duk sun zama iri ɗaya, suna ta dariya. Ashirin da tara. Talatin. Talatin da ɗaya.

Ta tsaya a kujerar ƙarshe. Babu kowa a kai, sai jakar Basiru.

"Inna lillahi..."

Shi ta ƙirga. Sau biyu ta ƙirga shi a cikin baƙi, don tun da ya shigo hankalinta ba ya jikinta.

Ta bi sunaye da yatsa. Madam Greta. Tsohuwar Bajamushiya, ita kaɗai take tafiya, mijinta ya rasu. Da safe ta ce tana da ciwon suga, kada a yi nisa da abinci. Babu wanda ya lura ba ta nan, don babu wanda ya zo da ita.

Ta dawo gaba da gudu.

"Gaskiyarsa ne! Ni na yi kuskure!"

"To sai me?" in ji Basiru, ya rage murya. "Babba ce, za ta hau tasi. Uku da kwata yanzu. Mutum talatin da ɗaya za mu zubar saboda ɗaya? Kai, tada mota."

Munzali ya zare makulli ya sa a aljihu.

"Ka san abin da kake yi kuwa?"

"Na sani."

Ya sauka. Muhibba ta bi shi, a bakin taya ta sha gabansa, hawaye ya riga ya zubo.

"Ya Munzali, don Allah ka koma! Ka tafi da su, ni zan neme ta. Korar ka zai sa a yi... Habibi, in aka kore ka ya zan yi?"

"Kasuwar nan layi nawa ce, kin sani?"

"Ban sani ba..."

"Ke fuska za ki nema. Fuska ta shiga abaya. Zo mu je, hasken idona, lokaci na tafiya."

An riga an kira la'asar. Yanzu ba dole ba ne a rufe kanti don salla, amma tsofaffin kasuwar Zal ba su daina ba. Layukan sun yi tsit. Ƙofofin ƙarfe duk a sauke, sai ƙamshin turaren wuta da ya rage a iska.

"Madam Greta! Madam Greta!"

Muryarta ta je ta dawo, babu amsa.

Layin masu bishti, alkyabbar Larabawa, babu. Layin takubba da tsofaffin butocin gahawa, babu. Wayarta na ta ruri, Basiru ne. Ba ta ɗauka ba. Uku da minti ashirin da biyar. Uku da rabi. Duk minti ɗaya da ya wuce, ji take ana janye mata Munzali taku ɗaya.

Shi bai kira sunan kowa ba. Kansa a ƙasa, yana tafiya da sauri kamar mai neman allura.

A layin masu darduma ya tsaya cak.

A kantin darduma ba a shiga da takalmi. Ga su nan a bakin wata ƙofar ƙarfe da aka sauke aka sa wa kwado. Ruwan ɗorawa, dundunniyar hagu ta cinye.

"Tana ciki."

Muhibba ta kwanta a ƙasa, ta leƙa ta ɗan tsagin da ke ƙarƙashin ƙofar. Duhu. Tarin dardumai. Can bayansu, ƙafa ɗaya cikin farar safa, ba ta motsi.

"Wayyo Allah! Ta mutu! Munzali ta mutu, ni na kashe ta!"

"Kira Abbanki."

"Abba? Zai..."

"Likita ne. Kira shi!"

Ya ruga masallaci.

Ta danna lambar Abbanta.

"Abba... Abba na bar wata tsohuwa, an rufe ta a kanti, tana da suga, ba ta motsi..."

"Tsaya da kuka," in ji Dakta Inuwa. "Kina ina?"

"Kasuwar Zal, layin darduma."

"Zan turo motar asibiti. In an buɗe, ki kira sunanta. In ta buɗe ido tana iya haɗiya, ki ba ta abu mai zaƙi. In ba ta buɗe ba kada ki sa mata komai a baki. Kada ki kashe wayar. Wa ke tare da ke?"

Ta dubi hanyar da Munzali ya bi.

"Na ce wa?"

"Munzali..."

Ta zaci zai kashe wayar. Amma bai kashe ba.

A raka'ar ƙarshe Munzali ya tarar da jam'i. Ba ya yanke wa mutum salla, ko da wuta ke cin rigarsa. Ya tsaya a bakin ƙofa har liman ya sallame, sannan ya ɗaga murya da Larabcinsa na titi yana tambayar mai kantin. Wani tsoho mai jan gemu ya taso a firgice, ko takalmi bai tsaya sawa ba. Ashe matar ta zauna hutawa ne a bayan tarin dardumai, shi ya zaci ta fita, ya ja ƙofa.

Ƙofar ta tashi da ƙara.

Madam Greta na kishingiɗe, gumi ya jiƙa mata sabuwar abaya, fuskarta fari fat.

"Madam Greta! Ni ce, Muhibba!"

Ido ya ɗan motsa. Ya buɗe rabi.

"Abba ta buɗe! Ta buɗe!"

"Zaƙi. Maza."

Mai kanti ya miƙo farantin dabino, yana ta istigfari. Muhibba ta cire ƙwallo, ta murza naman ya yi laushi, ta sa mata kaɗan-kaɗan. Ɗaya. Biyu. A na uku tsohuwar ta damƙe mata hannu.

"Jirgi..." ta faɗa da Turanci. "Na makarar da ku?"

Muhibba ta dubi agogo. Huɗu da minti bakwai.

Munzali ne ya ɗauki matar zuwa bakin titi inda motar asibiti ta tsaya. Ya koma ya ɗauko takalmin ya ajiye a gefenta. Baƙi duk sun leƙo ta tagogin bas, dariya ta ƙare. Basiru na tsaye a ƙasa, waya a kunne.

"Jirgin ƙasa ya tafi," in ji Muhibba.

"Na sani. Da mai a mota. Zan kai su Dammam," in ji Munzali.

"Motar nan ba ta da izinin barin Riyad!" Basiru ya daka tsawa. "Ka taka ta, wallahi ka gama!"

"Ai na riga na gama, Malam Basiru. Ka matsa, kada taya ta taka ka."

Ta riƙe ƙofar bas.

"Masoyina... ka yafe mani. Kuskurena ne."

"Shiga motar asibiti. Tsohuwar ba ta da kowa."

Ƙofa ta rufe. Ta bi bas ɗin da ido har ya sha kwana.

A asibitin da mahaifinta ke aiki a Shumaisi aka kwantar da Madam Greta. Kafin magariba ta zauna tana shan shayi. Muhibba na kan benci a baranda, waya a tafin hannu, hanyar sahara kilomita ɗari huɗu kawai take gani. Dakta Inuwa ya fito ya tsaya a kanta.

"Da an ƙara rabin awa, da wani zancen ake. Ya aka yi kika gane ba ta nan?"

"Ba ni na gane ba, Abba. Ni ƙirga na yi, na kuskure. Shi ne."

"Ya san ta ne?"

"Takalminta ya sani. Ba ya kallon fuskar mata."

"Har ke?"

Ta sunkuyar da kai.

"Har ni. Shekara biyu."

"Basiru fa? Yana wurin?"

"Cewa ya yi a tafi, za ta hau tasi."

Dakta ya cire tabarau ya goge, ya mayar, ya koma ciki.

Bayan isha'i saƙon Munzali ya shigo. "Talatin da ɗaya. Duk sun shiga jirgi."

Ta kifa kai a gwiwa ta yi kukan da ta riƙe tun la'asar.

Takardar Basiru ta yi aikinta. Direba ya ƙi bin umarni, direba ya fita da mota ba izini. Muhibba ta je gaban mudir ta ce laifinta ne. Madam Greta ta rubuto wasiƙa shafi biyu. Mudir ya karanta, ya ce Allah ya yi masa albarka, amma doka doka ce. Aka buga wa Munzali fita.

Saura kwana goma ya tafi, Dakta Inuwa ya aika a kira shi. Muhibba na bayan labule.

"Me za ka yi a Funtuwa?"

"Tuƙi, ranka ya daɗe. Shi na iya."

"'Yata ba ta san Najeriya ba. Sau biyu ta taɓa zuwa. Hausarta ma rabi ce."

"Na sani."

"Muhibba! Na san kina nan. Za ki iya?"

Tsoro ya kama ta, na gaske. Garin da ba ta sani ba, mutanen da za su yi dariyar bakinta, Ummi da Abba a bayan teku.

"Ina jin tsoro, Abba... amma zan iya."

Dakta ya daɗe yana kallon saurayin da ke durƙushe, kansa a ƙasa.

"Ran nan na ce maka direba. Na faɗa da raini. Wanda bai bar uwar wani a kasuwa ba, ba zai bar 'yata a hanya ba. Ka turo waliyyinka ranar Juma'a."

Aka ɗaura a masallacin unguwa bayan an sauko. Basiru bai zo ba, babu wanda ya tambaya.

Da yamma aka shigo da ango falo, aka ja masu ƙofa. Ya zauna can gefen kujera, idonsa na kan ƙafafunta.

"Sabon takalmi ne," ya ce. "Ban san wannan ba."

Ta yi dariya, hawaye na bin kumatunta.

"Ya Munzali... an fa ɗaura. Ɗago ka dube ni."

Ya ɗago a hankali.

Ya daɗe yana kallonta.

"Subhanallah," ya ce. "Ashe gara da ban duba ba. Da tuni na zubar da baƙin mutane a rami."