Kwallin da Aka Kawo wa Mai Takaba

Hajo tana takabar mijinta Kailani, wanda ya mutu a aikin dogo lokacin da Turawa suka kawo jirgin ƙasa Zariya. Da almuru tana zaune a tsakar gida a Tudun Wada, 'yarta Maijidda na barci a cinyarta, sai aka yi sallama. Kaji suka yi tsit.

Wata mace ce a lulluɓe. Ta tako jiƙaƙƙiyar ƙasa, amma ba ta bar sawu ba. Ta durƙusa, ta miƙo tandun kwalli mai sanyi kamar ƙanƙara.

"Baiwar Allah, takaba nake," in ji Hajo. "Mai takaba ba ta sa kwalli."

"Wannan ba na ado ba ne. In kin zizara shi, za ki buɗe ido a wata duniya irin wannan, inda dogo bai biyo ta nan ba. Kailani yana can da ransa, yanzu haka alwala yake yi."

Hajo ta dubi matar. "To ke me ya rabo ki da can?"

Idon matar na kan yarinyar, hawaye na gangaro mata baƙi da kwalli.

"Mu a can ita muka binne," ta ce a hankali. "Ba ni ita in goya, ko sau ɗaya."

Ta miƙo hannu biyu. A wuyan hannunta na dama akwai tabon ƙunar kunu, irin na Hajo sak.